Dutsen da Ba Mu Wanke Ba

Gidan da muka saya a garin Laurel, nan ƙasar Turawa, ƙarami ne, amma yana da fili a baya. Saboda filin ne matata, Allah ya jiƙanta, ta ce shi take so. Kafin nan mun yi shekara biyar a Greenbelt, a hawa na uku, inda idan kana son taka ƙasa sai ka sa takalmi, ka ɗauki makulli, ka sauko matakala. Takan ce tun da ta zo ƙasar nan ƙafarta ba ta gaisa da ƙasa ba. Ranar da aka kai mu ganin gidan ba ta tsaya duba ɗakuna ba. Ta ratsa falo, ta ratsa kicin, ta buɗe ƙofar baya, ta cire takalmi ta tsaya a kan ciyawa. Mai nuna mana gidan ya dube ni, ni ma na dube shi.

Mutanen nan suna kiran irin wannan fili bakyad, wato filin baya. 'Yarmu, wadda ita kaɗai Allah ya ba mu, a nan ta yi wayo. Tana jin Hausa sarai, amma da Turanci take amsawa, sai fa idan babba ya zo ta ga babu makawa. Wata Lahadi, tana da shekara takwas, wani dattijo likita ɗan Kano da duk muke girmamawa ya zo ganin sabon gida shi da iyalinsa. 'Yarmu ce ta buɗe ƙofa. Ta durƙusa ta gaishe su yadda aka koya mata, ina daga falo ina jin daɗi.

"Ina mamanki?" in ji dattijon.

Ta ɗan tsaya, na ga tana juya maganar a kanta daga Turanci. Sai ta ce, "Tana bayan gida. Ita da ƙawayenta uku. Suna cin shinkafa."

Dattijon ya gyara zaman hularsa ya ce, "To, madalla. A bar su su gama."

Matarsa kuwa sai da ta dafa bango don dariya. Kafin sati ya zagayo babu Bahaushen da bai ji labarin ba daga Laurel har Fort Washington. Duk taron suna ko biki da muka je sai wata ta ce wa matata, "Hajiya, yaushe za a gayyace mu bayan gida?" Ita ta fi kowa dariya. Amma ranar, da baƙi suka tafi, ta same ni ina kwashe kofuna ta ce, "Malam, ba laifin yarinyar nan ba ne. Me za ta kira shi? Ciyawa ce da taɓo a bayan gida. Ka yi mini tsakar gida ka ga ko za ta sake faɗa."

Na ce in sha Allahu. Wannan in sha Allahu ta kai shekara tara.

Abin kunyar shi ne sana'ata ce. Daga Litinin zuwa Juma'a ina aiki a wani babban sito, ranar Asabar kuma ina bin wani magini mutumin El Salvador, wanda nake kira Oga, muna shimfiɗa wa mutane dutse a filayen gidajensu da hanyoyin shiga. Dutse ne na asali, faffaɗa, da ake ɓanɓarowa daga tsauni, mai launin toka da ɗan shuɗi, wani da jirwayen tsatsa. Babu guda biyu da suka zo ɗaya. Na shimfiɗa wa mutane da yawa da ban ma san sunayensu ba, namu filin yana nan da taɓonsa. Kullum ina cewa sai bazara mai zuwa.

A wurin Oga na koyi cewa shimfiɗa dutsen ba shi ne mai wuya ba. Mai wuyar shi ne cike tsagogin da ke tsakaninsu. Ana kwaɓa yashi da siminti da ruwa kaɗan ƙwarai, yadda idan ka dunƙula a hannu zai kama jikinsa amma ba zai jiƙa maka tafi ba. Ka zuba a tsaga da ƙaramin cokalin gini, ka danna, ka ƙara, ka danna, sai ya cika dam. Doka ɗaya ce ba ya wasa da ita: jiƙaƙƙen siminti ba ya taɓa fuskar dutse. Yakan ce dutsen nan ƙishirwa gare shi, duk abin da ka ba shi zai sha, kuma ba zai dawo maka da shi ba. Idan ɓurɓushi ya zuba a kai, ka bar shi ya sha iska, sannan ka share. Kada ka goga.

Ba zan yi dogon bayani a kan ciwon da ya kama matata ba. A ƙarshen wata bazara aka gano shi, 'yarmu tana shekarar ƙarshe a sakandare. A shekarar babbar sallah ta faɗo daidai lokacin da ganye ke fara canza launi. Likitoci suka sa ranar yi mata aiki kwana huɗu bayan sallah, suka ce daga nan magani zai biyo baya mai tsawo, kuma ba su yi mana alkawarin komai ba. Muna dawowa daga asibiti a mota, sai ta ce, "Sallah saura nawa?"

"Sati uku."

"Ya isa?"

"Ya isa me?"

"Tsakar gidana. Ina so in yi sallar bana a cikinta, da mutane, ba takalmi. Kafin su kwantar da ni."

Na ce ya isa. Ban sani ba ko ya isa.

Ban taɓa yin sati uku irin waɗannan ba. Zan faɗi gaskiya: daɗi na ji, daɗin da har yanzu nake ɗan jin nauyin ambatonsa. Gidan da ya yi tsit ya koma kamar ana shirin biki. Ita da kanta ta ja iyaka a ƙasa da muciya, daga ƙofar kicin zuwa gindin itacen da ke kusa da shinge. Nan wurin tabarma, nan wurin gasa nama, can gefe wurin alwala, a karkata shi ruwa ya bi ta cikin ciyawa. Oga da ya ji dalili bai tambaye ni komai ba. Washegari ya cika a-kori-kurarsa da duwatsun da suka yi saura a wurinsa, ya bar mini motar ya ce in riƙe har in gama. Ina tasowa daga sito in cire riga in kama shebur. Na haƙe, na zuba tsakuwa, na danne, na yi shimfiɗar siminti a ƙasa. Sannan aka zo jera duwatsu.

Wannan ita ta yi shi, ni ɗauka kawai na yi. Tana zaune a kan kujera 'yar tsugunno a bakin ƙofa, da mayafi a kafaɗa, tana nunawa da muciyar. Ta sa musu sunaye. "Ɗauko mai kunnen jaki. A'a, juya shi. Kai Malam, gyartai ma da yake haɗa fasasshiyar ƙwarya yana duba baki da baki. Kawo taswirar Nijeriya ka sa a tsakiya." Wani dutsen sai na ɗaga shi sau huɗu kafin ta yarda. Ina haki ina cewa, "Hajiya, wannan fa ya fi buhun shinkafa nauyi." Ta ce, "Shekara tara kana hutawa."

Sallah ta kama Talata. Ranar Alhamis na aza dutse na ƙarshe. Saura cike tsagogi, kuma shi yana son kwana biyu babu ruwan sama babu tsananin sanyi. Masu hasashen yanayi suka ce Litinin da yamma za a yi ruwa, daga nan sanyi zai sauko. Ke nan Asabar ce kaɗai muke da ita. Idan ta kuɓuce, sai dai a yi sallah a falo, a bar aikin sai bayan hunturu. Ba mu yi maganar abin da bayan hunturu ke nufi ba.

Daren Juma'a da wuri, muna cin tuwo, ta ce, "Na yi gayya."

"Gayyar me?"

"Daɓe. Gobe da hantsi."

A garinsu, sanda take yarinya, ba a san siminti a ɗakin mace ba. Idan za a kai amarya sai mata su taru, a baza burji, a yayyafa ruwa, kowace da madaɓinta, a yi ta duka ana waƙa har ƙasa ta kwanta. Daga baya a zo da ruwan makuba a shafe ko'ina da hannu, a murje, ya bushe ya yi sumul yana ƙyalli. Ta sha ba ni labarin yadda kakarta take ba da waƙa, sauran suna amsawa, dukan yana sauka tare kamar hannu ɗaya. Na ce mata wannan ba daɓe ba ne, dutse ba ya son duka. Ta ce, "Tsakar gida ce?" Na ce e. Ta ce, "To ka taɓa ganin namiji ya gama wa mace tsakar gida shi kaɗai?"

Su shida suka zo. Akwai matar likitan nan da ta dafa bango, akwai wata 'yar Maraɗi da ƙanwarta, sai wasu biyu daga Greenbelt, sai babbar ƙawarta da suke aikin kula da tsofaffi tare, wadda muke kira Hajiyar Kumasi. Ita a Hausarta mace da namiji duk ɗaya ne. Ta shigo da zani ɗaure a ƙugu, riƙe da ƙaramar taɓarya, tun daga ƙofa tana cewa, "Malam, matarka ya ce yau za mu daki ƙasa. Ina ƙasan?" Sauran sun zo da muciyoyi, wata da katakon murza fulawa.

Na tara su na yi musu bayani. Na raba musu safar hannu ta roba, na ce siminti yana cin fata. Na kwaɓa baro ɗaya, na dunƙula na nuna musu. Na durƙusa na cike tsaga ɗaya a gabansu, na danna da gutsuren katako.

"Ikon Allah," in ji matar likita. "Yau namiji ke koya mana daɓe."

"Ba daɓe ba ne, Hajiya."

"Mun ji. Ba daɓe ba ne. Tashi ka ba mu wuri."

Na ce su yi duk abin da suke so da tsagogin, su danna iya ƙarfinsu, amma fuskar dutse kada a taɓa. Suka ce to. Na yanka musu gajerun katakai daidai faɗin tsaga. Sai suka gano cewa idan ɗaya ta riƙe katakon a tsaga, ɗaya ta buga kansa da muciya, kwaɓin yana shiga fiye da yadda nake dannawa. Kafin in ankara an samu dukan da ake nema. Matata ta ɗauki waƙa daga kan kujerarta, sannan ta kasa zama, ta ajiye mayafi ta durƙusa cikinsu. Muryarta ta fito yadda ban ji ta ba tun muna gida. Rabin waƙar a kaina take, wai wani magini ya gina wa duniya ya bar matarsa a taɓo, su kuma suna amsawa suna kallona. 'Yarmu tana tsaye a ƙofar kicin da waya tana ɗauka, tana tambayata da Turanci me suke cewa. Na ce yabona suke yi.

Sun fi ni sauri nesa ba kusa ba. Aikin da na yi zaton zai kai la'asar, kafin azahar sun ci rabi, kuma saboda yadda suke dannawa tsagogin suna cin kwaɓi fiye da lissafina. Na duba na ga yashi ba zai kai ba. Na kwaɓa musu abin da ya rage, na ce in sun gama shi su huta su ci abinci, zan je sayo yashi, yanzu zan dawo. Na bar tiyon ruwa a gefen baro don su wanke hannu.

Tafiyar minti ashirin ce. A hanyar dawowa na tarar da gosulo, an rufe layi ɗaya ana gyara. Na fi awa ɗaya a ciki. Ban damu ba, har ina bin waƙar a raina ina buga sitiyari.

Tun daga bakin titi na jiyo su. Waƙar ta canza, ta yi sanyi, babu duka a cikinta. Na zagaya ta gefen gida da buhun yashi a kafaɗa, sai na tsaya.

Duk ɓangaren da suka cike, daga ƙofar kicin har tsakiya, ya koma shafi ɗaya, launin toka, yana ƙyalli. Babu shuɗi, babu jirwaye, babu mai kunnen jaki, babu taswirar Nijeriya. Sun gama tsagogin, suka ga saura kwaɓi a baro, suka tsinka shi da ruwa ya zama kamar kunu, suka cire safar hannu, suka bi duwatsun suna shafawa suna murzawa da tafi. Su bakwai a durƙushe a jere, suna ja da baya.

Matata ta ɗago, fuskarta duk gumi, tana murmushi har kunne. "Malam, zo ka gani! Ka bar mana shi kamar bayan kada, mun gyara maka."

"Wane ɗaki ne ake barin sa da kaushi haka?" in ji Hajiyar Kumasi. "Yanzu ya yi kyau. Ka gode ma matarka, shi ya ce a yi makuba."

Na sauke buhun a hankali. Na san abin da zai faru. Siririn shafin nan ba zai zama daɓe ba. Zai bushe ya yi fari fat kamar an watsa toka, sanyin farko ya fasa shi ya riƙa ɓarewa, abin da dutsen ya sha kuma ya zauna. Ba za a taka shi da ƙafa ba takalmi ba. Na kuma san ban taɓa ganin ta cikin farin ciki irin wannan ba tun ranar asibiti. Na tsaya tsakanin abu biyun nan.

Ita ta karanta fuskata. Murmushin ya ragu. "Mun ɓata?"

"Tsagogin sun fi nawa kyau," na ce. Gaskiya ce. "Amma na saman nan dole ya fita. Yanzu."

"In bai fita ba?"

"Babu tsakar gida ran Talata."

Ta dubi tafin hannunta, ta dubi aikin. Na ɗauka za ta yi fushi ko ta yi kuka. Sai ta juya ga matan ta ce, "To, 'yan daɓe, kun ji. An fasa auren, a kwashe kayan ɗaki." Dariya ta ɓarke, har da ni.

Na kira Oga a waya. Ya tambaya tun yaushe. Na ce kamar rabin awa. Ya tambaya rana tana dukan wurin. Na ce rabi inuwa. Ya ce akwai dama, amma kada in kuskura in sa tiyo, zai wanke har tsagogin. Soso da ruwa mai tsabta, a matse soson sosai, shafa ɗaya a juya, shafa ɗaya a ɗauraye, a riƙa canza ruwan. A fara da inda rana take. Ya ce ga shi nan zuwa.

Babu soson da ya tsira a gidan ranar. Na wanke-wanke, na wanka, na mota, har matashin tsohuwar kujera 'yarmu ta farke muka yayyanka. Duk bokiti da roba da babbar tukunyar sallah suka fito. 'Yar Maraɗi da ƙanwarta suka kama jigilar ruwa, suna zubar da mai datti can bayan shinge. Sauran kowa ya kama dutse ɗaya. Ni ina bin gefunan tsagogi da ɗan ƙaramin soso don kada a kwashe cikon. Matar likita tana goga tana mita, wai ita da ta yi digiri biyu yau ga ta tana yi wa dutse wanka. Hajiyar Kumasi ta ce, "Goga dai, digiri bai hana." Wata ta ce a sake ɗaukar waƙa, aka ɗauka, wannan karon a kansu, wai mata bakwai sun yi wa dutse kwalliya ya ce ba ya so.

Sai shuɗin ya fara fitowa. Hajiyar Kumasi ce ta fara ihu, "Ga kunnen jaki! Ya dawo!" Kowa ya taso ya gani kamar an haifi yaro. Daga nan gasa ta tashi, kowace tana son nata ya riga fitowa. Oga ya iso ya tarar da mata a durƙushe suna guɗa a kan dutse. Ya cire hula ya sosa kai, ya karɓi soso. Da ya kai ga tsagogin ya danna ɗaya da babban yatsa, ya sake dannawa, ya tambaye ni wa ya cike. Na nuna su. Ya ce in tambaye su ko suna neman aikin Asabar.

Muna cikin haka, ban lura da lokacin da matata ta daina ba. Na ɗago na ga ta jawo kujerarta ta zauna a bakin ƙofar kicin, ta jingina da bango, soso a cinyarta. Na je. Ta ce, "Na gaji, Malam." Tun da aka fara ciwon ba ta taɓa faɗin haka ba. Na ce ta shiga ta kwanta. Ta ce a'a, a nan take so, tana kallo.

Kujerar a kan dutsen farko take, wanda ake takawa in an fito daga kicin, kuma nan suka fara shafi. Duk mun gani. Matar likita ta zo da bokiti har kusa, ta dube ta, ta dube ni, ta wuce dutse na gaba. Babu wanda ya ce ta tashi. Ta zauna nan har muka wanke na ƙarshe, har ni da Oga muka cike ragowar tsagogin can wajen itace, har aka yi la'asar. Da ta tashi, simintin ƙarƙashinta ya riga ya kama.

Lahadi rana ta fito. Litinin da yamma muka rufe wurin da tamfol, ruwa ya zo ya yi abinsa ya wuce. Talata da safe, kafin mu tafi idi, na yaye tamfol ɗin. Tsagogin sun yi tauri, duwatsun sun bushe da launinsu, sai ɗan hazo-hazo a wasu wurare da ba mai gani sai ni. Na ƙofa kaɗai ya yi fari. Na kankare kaurin da wuƙar gini ya kwanta, amma abin da ya sha ya sha. Idan ka duba da kyau za ka ga zagaye-zagayen tafin hannu, inda aka murza.

An yi sallah. Mutane sun fi ƙarfin tabarmin da muke da su, sai da aka aro. Hayaƙin nama ya cika unguwa har maƙwabcinmu Bature ya leƙo ta shinge aka miƙa masa faranti. Da ɗan sanyi, kowa da safa, ita kaɗai take yawo ba takalmi daga wannan tabarma zuwa waccan. Matan gayya duk hannuwansu sun yi saɓa, suna nuna wa juna suna cewa lallen bana ke nan. Dattijon likita ya zo, ya tsaya ya ƙare wa wurin kallo, ya ce, "Hajiya, ashe dai yau an gayyace mu." Ta ce, "Ranka ya daɗe, a shigo, amma a kira shi da sunansa."

Ranar Asabar a asibiti, nas ɗin da za ta sa mata allurar ruwa ta juya hannunta ta ga yadda fatar ta ɓare. Ta tambaya me ya same ta, tana ɗan kallona ta gefen ido. Matata ta fara yi mata bayanin daɓe da Turancinta, tun daga burji har makuba, tana kwatanta dukan da ɗaya hannun. Suna tura gadon tana kan bayani.

Allah ya ba ta hunturu ɗaya da bazara ɗaya bayan nan. Da ɗumi ya dawo kusan kullum a can take wuni. Da tafiya ta yi wuya muka samo keken marasa lafiya, kuma tayoyinsa ba su taɓa maƙalewa a tsaga ko ɗaya ba. Ta rasu kafin wata sallar ta zagayo.

A nan aka yi zaman makoki, maza a falo, mata a waje. Rana ta biyu ina zaune kusa da ƙofa na ji wasu mata sun yi sallama, baƙi ne daga nesa, ba su san gidan ba. 'Yarmu ta tare su, ta durƙusa ta gaishe su. Suka tambaya ina mata suke. Na ji ta ɗan tsaya, kamar wancan karon. Ta ce, "Suna tsakar gida. Ku bi ta kicin."

Oga ya zo gaisuwa bayan sati. Da zai tafi ya tsaya a kan dutsen ƙofa, ya ce akwai wani ruwa mai ƙarfi da ake wanke irin wannan, zai iya kawowa ranar Asabar, minti goma ya fita. Na gode masa na ce a bar shi.

Tsagogin da ni da shi muka cike, can wajen itace, sanyi ya fasa wasu, na sake su sau biyu. Na ɓangaren mata har yau ban taɓa ko ɗaya ba. Da safe nakan share wurin kafin in tafi sito. Tsintsiyar laushi nake sawa, matata ce ta kawo ta daga gida tun zuwanmu na farko, ta gajarce sosai yanzu, sai na sunkuya.